Ranar da Sulumbari Ta Rufe Baki

Da sunan Allah nake farawa. Tun da na dawo, zauren gidanmu a Birnin Damagaram bai huta ba. Wannan ta zo da hantsi ta ce, "Iya Habsu, wai da gaske ko jaki ba ya kuka?" Waccan ta zo da la'asar ta ce in sake ba ta daga farko, don jiya a tsakiya ta same shi. Har muryata ta dushe. Shi ya sa na kira Madam Zara maƙwabciyarmu, wadda ta daɗe tana koyar da yara a lekol, na ce ta zo da bik ɗinta na rubutu da takarda. Ni ban yi karatun boko ba, amma abin da idona ya gani ba ya ɓace mini. Wanda ya zo gobe, a karanta masa.

Ina da ƙanwa, Rakiya, uwa ɗaya uba ɗaya. Tana budurwa ta ga wani mai sayen fatu da yake zuwa wurin dukawan unguwarmu, ta so shi, ya so ta, aka ɗaura, ya tafi da ita ƙasarsu Sulumbari. Ga wanda bai sani ba, Sulumbari tana bayan wani dutse ne can gaba da Dakusa. Dutsen yana tsagewa kwana bakwai kawai, a ƙarshen shekararsu, sannan ya haɗe kamar ba a taɓa taɓa shi ba. Sauran shekara, in ka zagaya bayansa, gonar gero za ka gani da mai ita yana kallonka.

Innarmu ta kwanta da damina, ta rasu kafin a yanke gero, dutse a rufe. Kafin ta cika ta kama hannuna ta ba ni saƙo in ba Rakiya. Da dutse ya buɗe, Rakiya ta zo da tsarabarta a ka, ba ta san komai ba. Na tare ta a tsakar gida, gaban mata, na ce, "Wadda kike nema ta gaji da jiranki. Ba ta bar miki komai ba, ko kalma ɗaya." Ta sauke kayan a hankali, ta juya. Shekara ashirin da shida ba ta sake takowa ba, saƙon kuwa yana nan a bakina.

Bara zazzaɓi ya kwantar da ni a lopital. Ina kallon ruwan da ake ƙara mini yana ɗiga, sai na ga in na tafi, maganar Inna ta tafi tare da ni. Da na miƙe na aika aka kira Delu mai kanwa, wadda ke shiga Sulumbari kowace shekara da buhunanta.

Ɗana Abdu bai so ba. Ya ce, "Iya, ki faɗa a wayar portabul, Delu ta kai mata muryar."

Delu ta yi dariya har ta dafa bango. Ta ce, "Ɗan nan, portabul in ya wuce dutsen sai dai ka danne takarda da shi."

Na ce ko da yana aiki, maganar uwa ba a aika ta. Da ƙafata zan kai.

Mun so mu tashi ranar da dutse ya buɗe, amma kanwar Delu ba ta iso ba sai a kwana na uku. A na huɗu muka shiga mota a tasha, mu goma sha tara da rago biyu a sama. Ina zaune kusa da taga da butata a cinya, zuciyata tana rawa kamar ta yarinyar da za a kai kasuwa karon farko. Muna gab da Tirmini motar ta yi tari sau uku ta tsaya. Direba ya shiga ƙarƙashinta, ya fito baƙi ƙirin, ya ce wani ƙarfe ne ya karye, sai an kawo daga Damagaram gobe. Wata matar manomi ta gan mu zaune a gindin gawo, ta ce tsofaffi biyu ba za su kwana a bakin hanya tana da ɗaki ba. Ta yi mana tuwon dawa da miyar kuka. Da ta ji inda za mu, ta dube ni ta ce, "Inna, ke kuwa da na ji tun ɗazu ba ki yi shiru ba, can za ki?" Ban ji daɗi ba, amma na cinye tuwona.

A kwana na biyar da yamma muka isa Dakusa. Mai amalanken da ke kai mutane dutse, wani dattijo Malam Idi, ya ce san da ke jan amalanken ya yi aikin yini, ba zai ƙara masa ba. Na roƙe shi, na ce masa saura kwana biyu. Ya ce, "Hajiya, ni na ji. Shi ne bai ji ba." Ya nuna san. Muka kwana.

Da hantsin kwana na shida muka hau. Tafiyar amalanke ce cikin rairayi, ƙashina duka ya san da ita. Bayan azahar muka hango dutsen, baƙi, tsage daga sama har ƙasa, faɗin tsagar bai fi jaki da kaya ya wuce ba. Mutane na fitowa, kaɗan ne masu shiga. Wani sanyi yana hurowa daga ciki mai ƙamshin ƙasar da ruwan farko ya taɓa. Na yi bismilla na sa ƙafa.

A tsakiyar tsagar nan ne iyaka. Ba jandarma, ba sanda a gicciye. Wata mace ce doguwa zaune kan tabarma, bayanta tukwane ƙanana jere a jikin dutse har sama. Na ciro kartata ta shaidar ɗan ƙasa da Abdu ya naɗe mini a leda na miƙa. Ta juya ta, ta dubi hoton, ta ce, "Wace ce wannan mai fushi?"

Na ce ni ce.

Ta ce, "Mayar. Mu murya muke karɓa." Ta ba ni 'yar tukunya kamar ta turare, ta ce in faɗi sunana a ciki, za ta toshe da kakin zuma, ranar fita a buɗe a gwada da bakina.

To ni ban saba faɗin suna tsirara ba. Na ce, "Ni ce Habsatu 'yar Malam Sani baduku, ta Birnin Damagaram, jikar Ya Kolo ta wajen uwa, matar marigayi…" Sai na ji muryata tana zubowa daga bakin tukunyar tana sauka a ƙafata, ana jin "baduku, baduku" a ƙasa. Matar ta yi ajiyar zuciya, ta miƙa hannu ta sauko da tulu. Delu ta juya baya kafaɗunta na rawa. Sannan aka karɓe takalmina na roba don yana ƙara, aka ba ni na saƙar auduga. Carbina aka naɗe shi a tsumma don kada 'ya'yansa su bugi juna.

Muna fita ɗaya gefen na tsaya cak. Sama a can ba shuɗiya ba ce kamar tamu, ta ɗan yi kore, kamar ganyen yakuwa sabon tohuwa. Inuwar mutum kuma a makare take biyo shi. In ka tsaya, sai ta ƙara taku ɗaya kafin ta iso. Na yi ta tafiya ina tsayawa ina jiran tawa, har Delu ta ce, "Yaya Habsu, wurin ƙanwarki kika zo ko wurin inuwa?"

Amma abin da ya fi kama ni shi ne ƙara. Na zo da shirin garin kurame, sai na tarar da hayaniyar da ko kasuwarmu ranar jajiberen salla ba ta kai ba. Kowane gida ana daka, turmi uku huɗu. Maƙera na dukan ƙarfen da ba sa ƙera komai da shi. Maza biyu na tsaye a bakin rijiya suna zagin juna da iyakar ƙarfinsu, da suka gama suka rungume. Delu ta sa baki a kunnena ta ce yau ce ranar zubar da magana. Duk abin da ya rage maka a ciki na wannan shekara, yau za ka fitar, don gobe ba baki.

Na ce to maza mu je wurin Rakiya in zubar da nawa. Muka kutsa cikin mutane har ƙofar Tudu, unguwar da take, a kan wani tsauni. Muka tarar an rufe. Masu tsaro suka ce tun la'asar aka fara shimfiɗa toka a lungunan sama, ba mai takawa sai gobe. Na ce musu daga Damagaram nake, na ce musu shekara ashirin da shida. Suka ce sannu da hanya, ƙofa dai ta rufu. A nan na tuna san Malam Idi, na yi masa addu'ar da ba zan sa a rubuta ba.

Masaukinmu gidan wata Babarbariya ce, Ya Falmata. Ta ce ita ma kwana ɗaya ta zo yi da tallan turare, barci ya ɗauke ta, dutse ya rufe, kafin ya sake buɗewa ta yi miji. Ta kawo mana tuwon wani gero nasu mai launin shuɗi, da miya mai tsami da zaƙi a haɗe, kamar an dafa tsamiya da dabino. Lomar farko na rasa ko in haɗiye ko in nemi bayani. A ta biyar na ce a ƙaro. Muna ci 'ya'yanta mata suna cusa auduga a ƙararrawar awaki, suna kife zakaru a cikin rami da masaki. Jakuna da masu goyo da jarirai duk an kora su wani kwari mai nisa, inda kuka ba ya isowa gari.

Na ce, "Ya Falmata, wai duk don me?"

Ta ce, "Tsohuwar Shekara ce. Gobe take tafiya. Makauniya ce, tana bi gida gida tana tattara kayanta, daga fitowar rana zuwa faɗuwarta. In ta ji murya sai ta ɗauka ɗanta ne, ba ta tafiya ta bar shi. Don haka duk wanda ya yi magana, nan take ake ɗaure masa hannu a kai shi bakin dutse, ya raka ta waje. Dutse ya rufe a bayansu. Sai baɗi."

Na ce, "A'uzu billahi."

Ta ce, "Ni ma haka na ce shekarar farko."

Na ce salla fa? Ta ce asuba kafin rana ta fito ce, magariba bayan ta faɗi, azahar da la'asar kuwa dama a ɓoye ake karanta su. Na lissafa da yatsu, na ga haka ne.

Sannan na gaya mata damuwata. Gobe da faɗuwar rana dole in fita, ga saƙo a bakina, ga baki a rufe. Ta ce akwai hanya. A ranar shiru, wanda ya ɓata wa wani yakan ɗauki ƙoƙon ruwa ya kai masa ya durƙusa. In ya sha, ya karɓe ka. In Rakiya ta sha, za ta iya rako ni har cikin tsagar dutse, wurin mai tukwane, a can magana ba laifi ba ce. In faɗa mata, ta koma gida kafin ya rufe.

Delu ta ce, "Abu ɗaya ne, Ya Falmata. Ki ba ta tsakuwa babba."

Ashe baƙi tsakuwa suke sawa a baki don tunawa. Aka zaɓo mini mai santsi, kamar ƙwallon dabino.

Da asuba muka yi salla, muka sha kunu mai sanyi, don ba a hura wuta. Kowa ya sa farin tufa. Da gefen rana ya leƙo, aka buga ganga sau ɗaya daga saman Tudu.

Jama'a, na zauna a gidan makoki, na yi jinya ni kaɗai a ɗaki, amma ban san shiru ba sai ranar nan. Gari guda, dubban mutane, kowa zaune a ƙofar gidansa da tafin hannu a buɗe bisa gwiwa. Na ji jinina yana tafiya a kunnena. Na ji tururuwa tana jan ƙwayar gero a kan tabarma. Wani tsoho a gefenmu cikinsa ya yi ƙugi, duk layin suka juyo suka dube shi, ya sunkuyar da kai. A wajenmu in mutum biyu sun zauna ba magana, sai a ce lafiya? A can na ga miji da mata sun tsufa tare suna kallon juna, fuskarsu kamar ana ba su labari mai daɗi.

Kowane gida ya ajiye wani abin da ya ƙare a bakin ƙofa: tsintsiya da ta cinye, ƙwarya fasasshiya, igiyar guga da ta tsinke. Da hantsi na ga ruwan randar Falmata ya fara rawa, ba iska. Delu ta matse hannuna ta nuna ƙasa da haɓa. A kan tokar da aka shimfiɗa a lungu, sawu yana fitowa. Ƙafa ƙarama, ba takalmi, da ɗigon sanda a gefe. Ɗaya, sannan ɗaya, a hankali, irin tafiyar mai ciwon gwiwa. Ba kowa a kansa. Ya tsaya a ƙofarmu. Na dubi tsohuwar tsintsiyar Falmata, na ƙifta ido, babu ita. Ni dai ban ce muku ga abin da yake ba, Allah ne masani. Amma da ba don tsakuwar nan ba, da salatin da zan yi sai an ji shi a Tirmini. Gashin jikina ya tashi, kuma wallahi daɗi nake ji, kamar in bi sawun in ga inda za shi.

Da ya wuce, Falmata ta cika mini ƙoƙo da ruwa, ta yi mini nuni da hanya. Delu ta so ta bi ni, na girgiza kai. Na kama hawan Tudu ni kaɗai, ƙoƙo a hannu biyu, ina bin gefen lungu. Hawan da tsayi. A rabi numfashina ya fara yankewa, tsakuwar tana neman wucewa maƙogwaro. Na tsaya na tofa ta a gefen zane na ƙulle, na ce in na huta zan mayar. Mutane na zaune dama da hagu, ina wuce su ba gaisuwa, abin yana ci mini rai kamar na yi sata.

An gaya mini gidan Rakiya shi ne na ƙarshe, kusa da bishiyar kurna. Da na zagayo kwana na gan shi, sai na tsaya ina kallo. Zauren gidan ubanmu ne. Irin ƙofar, irin zanen da ke samanta, har da ɗan dakalin hagu inda Baba yake zama yana ɗinkin fata. Ashe ta sa an gina mata Birni a bayan dutse. Ba kowa a waje, suna ciki. Na tako bakin zaure. Shekara sittin da takwas ban taɓa sa ƙafa a gidan mutane haka kawai ba. Ban yi shawara ba, ban ma san na buɗe baki ba.

"Salamu alaikum, masu gida."

Da ƙarfi kuma, yadda nake yi a Birni don na ƙurya su ji.

Muryar ta gangara Tudu, ta bugi gidaje, ta dawo mini. Tantabaru suka tashi. Duk lungun suka miƙe tsaye, ba wanda ya ce uffan, idanu kawai. Ƙoƙon ya suɓuce, ruwan ya bi toka. Can ƙasa na hango sawun nan ya tsaya, ya juyo.

Mata biyu masu farar igiyar kaba suka iso. Ba su yi mini wulaƙanci ba. Ɗaya ta ɗaure mini wuyan hannu a hankali, ɗaya ta share mini hawaye da gefen mayafinta. Suka juya da ni. Na yi taku uku, na yi biyar. Na ce a raina shi ke nan, Habsu, bakin da ya kore ta shi ya sake raba ku, ko fuskarta ba ki gani ba.

"Wa alaikumus salam."

Daga cikin zaure. Muryar ta tsufa, amma ko a cikin kasuwa zan ɗauke ta. Na juyo. Ga ta tsaye, ta yi ƙiba, kanta fari fat, hannu a ƙugu. Ɗanta babba yana bayanta ya ɗora hannu biyu a ka. Jikokinta sun riƙe mata zane.

Ta ce, "Yaya, har yanzu bakin nan bai koyi jira ba?"

Ta miƙa wa masu igiya hannunta da kanta. Ta kwance makullai daga zane ta ba surukarta, ta nuna mata awaki, ta nuna rumbu, ta shafa kan jikokin ɗaya bayan ɗaya. Surukar ta ruga ciki a kan yatsun ƙafa ta fito da ƙullin tufafi. Aka haɗa mu a igiya ɗaya muka gangara, gari duka yana kallo, sawun nan yana biye da mu a baya, ba sauri.

A bakin dutse akwai rumfa inda ake tara waɗanda suka yi magana. A nan an yarda ka buɗe baki, tunda ka riga ka zama ɗan rakiya. Mun tarar da mutum biyu. Wani mahauci da ya yi atishawa ya ce alhamdu lillahi, da wata mata da akuya ta sa kai a tukunyarta ta ce mata "kai!" Mahaucin yana ta lissafin wanda zai kula masa da wuƙaƙe. Matar kuwa ta ce dama ta daɗe tana son ganin Damagaram.

Muka zauna a ƙarshen rumfa. Na ce, "Rakiya, me ya sa kika amsa? Gidanki fa, jikokinki, shekara guda."

Ta ce, "Sallama aka yi a ƙofata. Ni ba a gidan arna aka haife ni ba."

"Don haka kawai?"

"Kada ki sa rai. Ban ce na yafe ba. So nake in ji abin da ya hawo da ke Tudu da wannan gwiwar."

Na gyara zama. Na ce, "Ƙarya na yi miki. Inna ta bar miki magana."

Ta juyo ta dube ni.

Na ce, "Ranar da za ta cika, da hantsi, ta kama hannuna ta ce, ki gaya wa Rakiya na san dutse ne, ba ita ba ce. Kada ta sa wa ranta. Na yafe mata duniya da lahira." Na ƙara da cewa, "Sannan ta ce, ki gaya mata tun da ta tafi ban sha fura mai daɗi ba. Ke Habsu hannunki nauyi gare shi, kullum sai kin bar gudaji."

Rakiya ta rufe fuska da mayafi. Na daɗe ina kallon kafaɗunta, ban san ko kuka ba ne ko me. Sannan ta ce daga ciki, "Sake faɗa."

Na sake, daga farko.

"Har da na ƙarshen."

Na sake na ƙarshen.

Ta buɗe fuska, jiƙe sharkaf. Ta ce, "An gaya mini wata huɗu kina jinyarta ke kaɗai."

Na ce, "Wata huɗu da kwana tara. Ina dama mata safe da yamma."

"Ta ce da gudaji."

"Ta ce da gudaji."

"Shi ya sa kika ɓoye."

Na ce, "Shi ya sa."

Ta dube ni, ta dube ni, sai dariya ta ƙwace mata, irin wadda take haɗe da hawaye, har mahaucin ya bar lissafinsa. Ta ce, "Yaya, ai gaskiya Inna ta faɗa." Na ce na sani. Ta jawo hannuna da ke cikin igiya ta ɗora a cinyarta, ba ta sake shi ba har rana ta yi ja.

Da faɗuwar rana Delu ta iso da takalmina, aka buɗe tuluna muryata ta fito tana ta jero dangi, aka sallame mu. Sawun ya wuce gabanmu ya fita, ya bi ta cikin karan gero, iska ta share shi. Muna tsaye dutse ya haɗe, ba ƙara, kamar an rufe ido. Rakiya ta dafa shi da tafin hannu, ta kira sunayen jikokinta ɗaya ɗaya. Sannan ta juyo ta ce, "Kama kafaɗata, kin fi ni tsufa."

Iyakar abin da na gani ke nan, ban ƙara ba, abin da na rage kuwa na mantuwa ne. Mai son sauran, Rakiya tana ɗakin Inna har dutse ya sake buɗewa. Ya zo da nono mai kyau, ita ke damawa.